Taura Huɗu a Baki Ɗaya: Jagora Ga Mai Son Rubuta Fim, Ya Shirya, Ya Ba da Umarni, Ya Kuma Fito a Ciki

Na taɓa tsayawa a wani lokeshin a bayan garin Kano, gidan ƙasa mai zaure biyu, ana shirin ɗaukar sin, wato fitowa guda a fim, inda jarumi zai shigo a gaya masa mahaifinsa ya rasu. La'asar ta yi sakaliya, hasken da mai kyamara yake so bai fi saura minti 20 ya tafi ba. Jarumin shi ne darakta, shi ya rubuta labarin, kuɗin aikin ma daga aljihunsa suka fito. Ya sa rigarsa ya tsaya a bakin zaure yana tattaro hankalinsa, sai waya ta yi ƙara. Mai abinci ce, ta ce ba za ta ɗora na dare ba sai an cika mata kuɗin jiya. Yana ajiyewa yaron janareta ya matso ya raɗa masa cewa mai ya kusa ƙarewa. Da aka ce "akshin" ya shigo, aka faɗa masa rasuwar, amma duk wanda ya dubi fuskarsa ya san lissafi yake yi. Sau shida aka maimaita har rana ta faɗi, aka ɗage sin ɗin sai gobe, wato an ƙara kuɗin kwana guda ke nan.

Yaron nan ya iya wasa, ya iya rubutu, kuma yana da ido. Abin da ya kayar da shi a ranar shi ne abin da Hausawa suka daɗe da faɗa, taura biyu ba ta taunuwa, shi kuwa huɗu ya cusa a baki. Ana iya cinye duka huɗun, amma ɗaya bayan ɗaya, kowacce da lokacinta. Wannan jagora a kan yadda za a jera su ne. Da "kai" zan riƙa magana, amma 'yar'uwa mai wannan buri, maganar har da ke.

Mataki na farko: shiga ta ƙofa ɗaya

Dubi waɗanda suka haɗa ayyukan nan kuma suka ɗore. Oumarou Ganda na Nijar ya fara ne da fitowa a gaban kyamarar Bafaranshen nan Jean Rouch a ƙarshen shekarun 1950, ya yi shekaru yana koyon aikin bayan fage a Yamai, sannan ya fara rubuta nasa yana ba da umarni yana fitowa. Shi ne ya fara lashe babbar kyautar bikin finafinan Afirka na FESPACO a Wagadugu a 1972. A gida, Ali Nuhu da wasa aka fara saninsa kafin kamfaninsa na FKD ya yi ƙarfi, har aka naɗa shi shugaban Hukumar Finafinai ta Najeriya a watan Janairun 2024. Falalu Ɗorayi ya kafu a bayan kyamara, da umarni da alƙalami, fitowarsa a gaba ta zama ƙari. Kowannensu yana da sana'a guda da za a iya kiransa a biya shi saboda ita ko da bai shirya fim ɗin kansa ba.

To kai ma zaɓi ɗaya ka riƙe ta har a san ka da ita. In za ka ji shawarata, ka nemi aikin kwantiniti ko mataimakin darakta a finafinan wasu, ko da sallamar ba ta taka kara ta karya ba. Mai kwantiniti yana zaune kusa da darakta daga safe har dare, yana rubuta wace hula aka sa, a wane hannu aka riƙe kofi, sau nawa aka maimaita, wanne aka zaɓa. Babu kujerar da ta fi wannan nuna wa mutum yadda fim yake haɗuwa da yadda yake wargajewa. Wanda ke da halin karatu, akwai Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa a Jos, akwai sassan wasan kwaikwayo da sadarwa a Jami'ar Bayero da ta Ahmadu Bello. Karatun yana gyara tunani ƙwarai, sai dai ba ya ɗauke wa kowa zaman lokeshin.

Kafin babban aiki, yi gajerun finafinai biyu ko uku na minti 5 zuwa 10, ko da waya ce. A na farko kada ka fito. A na biyu ka fito a ƙaramin matsayi. Nan za ka gane da kanka abin da ke suɓuce maka idan ka bar bayan kyamara.

Mataki na biyu: furodusa ya riga marubuci zama

Yawancin matasa da rubutu suke farawa, su rubuta labari mai fada da dawakai da haɗarin mota da bikin mutum 300, sannan su fita neman kuɗi. Juya tsarin. Kafin ka rubuta layi ɗaya, amsa tambayoyi biyu a takarda.

Ta farko: a ina za a kalli fim ɗin? Zamanin da furodusa zai kai kaset ko faifai Ƙofar Wambai 'yan kasuwa su saya ya wuce, satar fasaha da masu tura finafinai a waya sun rushe wannan hanya. Yau hanyoyin su ne YouTube, tashoshi irin Arewa24 da Africa Magic Hausa, manhajojin kallo na biya, 'yan gidajen sinima da ake da su, sai bukukuwan finafinai. Kowacce da irin fim ɗin da take so. Mai dogon zango na YouTube yana buƙatar kowane kashi ya ƙare da abin da zai dawo da mai kallo mako mai zuwa. Tasha tana da tsawon da ta ƙayyade da wuraren da za ta sa talla. Sinima ba ta yafe mummunan sauti.

Ta biyu: me kake da shi a hannu wanda ba sai ka biya ba? Gidan kawunka mai tsakar gida da bishiyar darbejiya, shagon abokinka a kasuwa, motar yayanka, gonar ƙauyenku, jarumai uku da suka yarda da kai. Jera su duka. Daga cikin wannan jerin labarinka zai fito. Sai da ruwan ciki ake jan na rijiya.

Mataki na uku: rubutu

Nan ne za ka fi daɗewa, kuma nan ne wuri mafi arha da za ka yi kuskure, don gyaran takarda biro kawai yake ci.

Fara da taƙaita labarin a jimla biyu: wane ne, me yake so, me ya tare masa hanya, me zai rasa idan ya kasa. Faɗa wa mutum uku da ba 'yan fim ba, misali mahaifiyarka, mai shayin layinku, da ƙanwarka. In ba wanda ya ce "sai aka yi yaya?", labarin bai nuna ba tukuna. Daga nan ka rubuta shi a shafi biyu ko uku kamar kana ba da labari, sannan ka tsaga shi sin bayan sin a ƙananan takardu, kowace takarda sin ɗaya, ka baza su a tabarma. A haka za ka ga inda labari ya yi rami da inda sin biyu suke faɗin abu ɗaya. Sai bayan wannan za ka rubuta maganganu.

Ka koyi tsarin rubutun fim na ƙa'ida, wanda manhajoji irin Celtx da Final Draft suke shirya maka. Amfaninsa a aikace yake: a wannan tsari shafi ɗaya yana daidai da kusan minti ɗaya a allo, don haka kana kallon kaurin takardunka ka san tsawon fim ɗinka da yawan kwanakin ɗauka. Tsohuwar al'adar nan ta a zo lokeshin darakta ya ce "ku yi faɗa a kan gado, ke ki ce kaza kai ka ce kaza" ta yi aiki a hannun gwanayen da suka taso a ƙungiyoyin wasan daɓe. Kai da za ka bar bayan kyamara ka shiga gabanta ba ka da wannan sararin. Rubutun ne zai tsaya a madadinka lokacin da kake cikin wasa.

Yanzu ga babbar jarrabawa. Marubucin da ya san shi zai fito jarumi yakan rubuta wa kansa mutumin da ba ya kuskure: mai kyau, mai haƙuri, mai gaskiya, kowace mace tana sonsa, kowace magana mai daɗi a bakinsa take. Masu kallo suna gane wannan tun a kashi na farko, kuma yana gundurar su. Gwajin da nake ba mutane shi ne su ɗauki jan biro su ƙirga sin nawa suke ciki, su kuma duba wa aka bai wa maganar ƙarshe a kowane sin. In kai ne a kusan duka, koma ka raba. Ba abokin hamayyarka hujjar da kai kanka za ka ji nauyinta. Ba matar da ke cikin labarin abin da take so don kanta, wanda bai rataya a wuyanka ba. Ka kuma tambayi kanka tsakaninka da Allah: da wani ne ya kawo mini wannan labari, ni zan zaɓa a wannan matsayi? In amsar a'a ce, ɗauki matsayi na biyu. Sau da yawa ma shi ya fi zama a zuciyar mai kallo, kuma zai bar maka kwanaki da yawa a bayan kyamara.

A kan harshe kuwa, ka saurari mutane. Dattijuwar Sakkwato ba ta magana kamar budurwar Kano, ɗan kasuwar Kwari ba ya magana kamar malamin jami'a, kuma 'ya ba ta kallon idon mahaifinta ta zazzaga masa jawabi. Kunya da kara da alkunya kayan aikin marubucin Hausa ne: abin da aka kasa faɗa a gaban suruki ya fi abin da aka faɗa ƙarfi. Idan ka gama, tara jaruman a ɗaki ɗaya su karanta da ƙarfi, wani ya karanta naka layin, kai ka zauna da biro kana saurare. Duk inda harshen mai karatu ya sarƙe, laifin rubutun ne.

Bayan gyara na ƙarshe, rufe rubutun. Marubuci ya gama aikinsa, kada ya biyo ka lokeshin.

Mataki na huɗu: takardu

Wannan sashe ba shi da daɗi, amma shi ke raba mai sana'a da mai sha'awa. Yi wa kamfaninka rajista a Hukumar CAC mai rajistar kamfanoni, ko da sunan kasuwanci ne kawai, ka buɗe masa asusun banki dabam da naka. Tasha ko mai talla da kamfani suke son ƙulla yarjejeniya. Shiga ƙungiyar sana'a irin MOPPAN ta masu harkar fim, don ranar da rigima ta taso can ake fara kai ƙara.

In a Kano za ka yi aiki ko za ka saki fim, Hukumar Tace Finafinai da Ɗab'i ta Jihar Kano, wadda aka kafa a 2001, tana yi wa kamfanoni da 'yan fim rajista, kuma tana duba fim kafin a sake shi. Kada ka ɗauka YouTube ya fitar da kai daga hurumin ta: a watan Mayun 2025 ta dakatar da finafinai masu dogon zango 22 saboda sakin su ba tare da an kawo an duba ba. Je ofishinsu da ƙafarka ka karɓi ƙa'idojin da ake aiki da su a lokacin, tun kafin ɗauka, don sake ɗaukar sin saboda sutura ko wata kalma ya fi komai ciwo. Fim ɗin da zai shiga sinima ko kasuwar ƙasa baki ɗaya kuma yana buƙatar shaidar hukumar tace finafinai ta tarayya, NFVCB, wadda aka kafa a 1993.

Sai haƙƙin mallaka. A dokar Najeriya, wadda aka sabunta aka sa wa hannu a watan Maris na 2023, mallaka wa wani haƙƙin aiki ba ya tabbata sai a rubuce. Wannan ya shafe ka ta fuska biyu. Duk wanda ya sa fasaharsa a fim ɗinka, mawaƙi, mai kiɗa, wanda ya taya ka rubutu, jarumi, a yi takarda ko shafi ɗaya ce: me zai yi, nawa za a ba shi, yaushe, kuma wa ya mallaki abin da aka samar. Na ga fim ɗin da aka toshe kuɗin tallarsa a YouTube saboda mawaƙin da aka biya da baki ya riga ya ɗora waƙar a wani wuri da sunansa. Ta ɗaya fuskar, kai ma kada ka sa hannu a takardar da ta sayar da fim ɗinka har abada a ko'ina don kuɗin da zai ƙare a wata biyu. Ba da izinin nunawa na shekaru ƙayyadaddu, a wuri ƙayyadadde.

Abokai za su ce "haba, tsakaninmu har sai an yi rubutu?" Ka tuna musu cewa aya mafi tsawo a Alƙur'ani a kan rubuta bashi ta sauka. Takardar zumuncin take karewa.

Mataki na biyar: kasafi da jadawali

Ɗauki rubutun ka tsaga kowane sin: wuri, dare ko rana, su wa ke ciki, sutura, kayan aiki. Sai ka tara duk sin ɗin da ke wuri ɗaya a ɗauke su tare, ba bisa jerin labari ba. Jarumi mai tsada ko mai yawan aiki, tattara nasa a kwana ɗaya ko biyu. Idan rubutunka shafi 60 ne kuma kana ganin za ku iya shafi 6 a rana, kwana 10 ke nan. Tun da kai ne darakta kuma jarumi, ƙara kwana biyu, don duk sin ɗin da kake ciki sai ka koma ka kalla.

A kasafi, abubuwan da suke cinye kuɗi a ɓoye su ne abinci, man janareta, sufuri da masauki. Ware kashi 10 zuwa 15 cikin 100 don abin da ba a zata ba. Kuɗin edita mai yanka da haɗa hotuna, gyaran sauti, hukumar tacewa, fosta da talla ka cire su tun farko ka ajiye inda hannunka ba zai kai ba a lokeshin. Finafinai da yawa suna kwance a had disk yau saboda an cinye kuɗin edita a wurin ɗauka.

Ka rubuta wa kanka sallama a kasafin, ta marubuci, ta darakta, ta jarumi, ko da ba za ka karɓa yanzu ba. In ba haka ba za ka ɗauka ka ci riba alhali ƙarfinka ka bayar kyauta, kuma ranar da za ka ɗauki wani ya yi ɗaya daga cikin ayyukan lissafinka zai rushe. In akwai mai zuba jari, ku rubuta wa zai fara cire uwar kuɗinsa da yadda za a raba abin da ya biyo baya. Kada ka sayar da gida ko gonar gado don fim na farko, kada kuma ka ci bashin da in fim ɗin bai dawo da ko kwabo ba zai hana ka barci.

Mataki na shida: mutum biyu da ba ka da fim sai da su

Na farko furodakshin manaja. Daga ranar da aka fara ɗauka, shi ne furodusa. Kuɗin kowace rana a hannunsa, wayarka ma a hannunsa. Mai abinci, mai gida, direba, duk shi suka sani. Ku zauna minti 15 kowane dare ya ba ka lissafi da rasit. Da yaron can na gidan ƙasa yana da wannan mutum, da ya samu hawayensa.

Na biyu shi ne wanda zai zama idonka lokacin da kake gaban kyamara: mataimakin darakta, ko wani darakta abokinka. Sharaɗinsa ɗaya, ya iya ce maka "bai yi ba, a sake" a gaban jama'a. Yaronka da yake kiranka maigida ba zai iya ba, kunya za ta hana shi, kuma kowa a wurin ya san kai ke biyan kuɗi. Don haka tun ranar farko ka tara ma'aikata ka faɗa da bakinka: in ina cikin sin, wane ne mai cewa "akshin" da "kot", maganarsa ce magana.

Sauran mutane, ka fi kashe kuɗi a kan mai ɗaukar sauti. Mai kallo a waya zai haƙura da hoto mai ɗan duhu, amma in ba ya jin magana zai wuce.

Mataki na bakwai: ranakun ɗauka

Ba a fafe gora ranar tafiya. Kafin ranar farko, kai da mai kyamara da mataimakinka ku zaga kowane lokeshin a daidai lokacin da za ku yi ɗauka. Ina rana take faɗowa? Akwai injin markaɗe ko makarantar Islamiyya a maƙwabta? Ina za a ajiye janareta ƙararsa ba ta shiga ba, kuma wayar wuta za ta kai? Ku gaida mai unguwa ku gaya masa abin da ya kawo ku. In akwai kakin 'yan sanda ko bindigar wasa a labarin, a sanar da ofishin 'yan sanda na yankin a rubuce. A tsara hutu a kan lokutan salla, a ɗauki sin ɗin waje da sassafe ko bayan la'asar, a bar tsakar rana ga na cikin ɗaki.

Rubuta jerin hotunan kowane sin tun a gida: na nesa, na kusa, ta kafaɗar wane. Haddace layukanka tun kafin a fara aikin gaba ɗaya, domin a lokeshin ba za ka samu minti ɗaya na hadda ba.

Ga yadda za ka tafiyar da sin ɗin da kake ciki. Wani ya tsaya a wurinka sanye da kaya mai kalar naka, kai kana bayan kyamara, ka tsara motsin kowa, ka amince da haske da girman hoto. Ka gama duk bayaninka ga sauran jarumai. Sannan ka ce wa mataimakinka "na ba ka", ka koma gefe minti biyar kai kaɗai ba mai yi maka magana. Idan ka shigo, kai jarumi ne kawai. Babban kuskuren mai haɗa aikin biyu shi ne yana wasa yana duba abokin wasansa da idon darakta, yana lura ko ta tsaya a inda aka ce. Kyamara tana kama wannan kallon. Saurari abin da ake faɗa maka kamar yau ka fara jin sa, duk da kai ka rubuta.

A ɗauka sau biyu ko uku a jere kafin ka je ka kalla, don zirga-zirga bayan kowane ɗauka tana kashe zafin wasan kuma tana cin rana. Ka fara ɗaukar fuskokin sauran jarumai tun suna da ƙarfi. Amma kada kara ta sa ka tauye kanka: masu wannan aiki da yawa suna ba kowa dama shida su ba kansu ɗaya don kada a ce sun cika son kai, sai a ɗakin edita a tarar nasu ne mafi rauni. Sin mafi nauyi a gare ka, sa shi a farkon yini, kuma kada ya zama a ranar farko.

Abubuwa kaɗan na fasaha da suke ceton aiki. Wutar lantarkinmu mai bugu 50 ce a daƙiƙa, don haka a ɗauka a hoto 25 a daƙiƙa, saurin ƙiftawar kyamara 1/50, in ba haka ba fitilu za su riƙa rawa a hoton. Idan mutum biyu suna magana, kyamara ta tsaya a gefe ɗaya na layin da ke tsakaninsu, kada ta tsallaka, don kada su zama kamar suna kallon wuri ɗaya. A kowane ɗaki a ɗauki minti ɗaya na shiru, kowa ya tsaya cak, edita zai yi ta sa muku albarka. Kowane dare a kwafe abin da aka ɗauka a had disk biyu, a buɗe a tabbatar yana yi kafin a goge katin kyamara, kuma biyun kada su kwana a jaka ɗaya.

Ka biya ƙananan ma'aikata kafin manya. Mai riƙe fitila da mai kwalliya da abin da ka ba su za su yi cefane gobe, kuma labarin furodusan da ba ya sallamar mutane yana zaga Titin Gidan Zu, matattarar 'yan fim a Kano, kafin fim ɗinsa ya fito.

Mataki na takwas: aikin edita

Ko ka iya manhajar haɗa fim irin Premiere Pro ko DaVinci Resolve, samu edita dabam. Mutum ba ya iya yanke fuskarsa da adalci: ko ya bar ta ta daɗe don yana son ta, ko ya yanke ta da wuri don ya tsargu. Ba shi rubutun da bayanan kwantiniti, ka bar shi ya yi haɗin farko shi kaɗai, kai ka huta mako guda ko biyu. Sannan ku nuna wa mutum biyar zuwa goma da ba su san labarin ba. Zauna a bayansu ka lura da lokacin da hannu ya tafi neman waya. Wannan wurin za a rage, ko da sin ɗin da ka fi wahala a kansa ne.

A daidaita sauti, a gwada shi a ƙaramar waya da lasifikarta, don a nan yawancin mutane za su ji shi. A sa fassarar Turanci a ƙasa, wadda wanda ya iya harshen ya duba, in da hali har da Faransanci saboda Nijar, Kamaru da Chadi. Kiɗan da ba naka ba kuma ba ka da izininsa, kada ya shiga.

Mataki na tara: kasuwa

Furodusa ya dawo, kuma zai daɗe a nan fiye da yadda ya daɗe a ko'ina. Hotunan fosta da 'yan gajerun bidiyon bayan fage tun a lokeshin ake tara su. A nan fitowarka a fim take zama riba, don fuskarka ita ce tallar, kai za ka je rediyo, kai za ka yi magana a Facebook da TikTok da Instagram.

In YouTube ka nufa, san ƙa'idarsa. Kafin tasha ta fara samun kason kuɗin talla tana buƙatar mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12, ba a sa talla a tsakiyar bidiyo sai ya kai minti 8, kuma ba a turo kuɗi sai sun kai dala 100. Abin da talla take biya a kan mai kallo a Najeriya ko Nijar bai kai na mai kallo a Saudiyya, Turai ko Amurka ba, shi ya sa masu dogon zango suke dogara da tallar 'yan kasuwa a cikin shirin. Ka nemi masu tallar nan tun kana da tirela, wato gajeren bidiyon tallar fim ɗin. Tashar ta zama taka, da imel ɗin kamfaninka da lambarka. In kuwa za ka ɗora a tashar wani don yana da mabiya, ku rubuta kason kowa da damar ganin lissafi da idonka. Kada ka fara sakin mai dogon zango sai kana da aƙalla kashi shida a kammale, don mako biyu na shiru ya isa masu kallo su koma wani wuri.

Gajeren fim ko wanda ka yi wa aiki na musamman, tura shi bukukuwa: Zuma a Abuja, KILAF a Kano, FESPACO a Wagadugu. Wasu bukukuwan ba sa karɓar fim ɗin da ya riga ya hau intanet, don haka karanta sharuɗɗansu kafin ka saki.

Wata uku bayan fitowar fim, zauna da manajanka da littafin lissafi. Nawa aka kashe, nawa ya shigo, nawa ake bin ku, a wane minti masu kallo suka fi ficewa, wanda YouTube yake nuna maka a zane. Sai ka ja layi huɗu, rubutu, shiryawa, umarni, wasa, ka tambayi editanka da mataimakinka wanne ne ya fi rauni a wannan aiki. Wanda suka nuna, a kasafin fim na gaba ka rubuta sunan wani a gabansa, ka ware masa kuɗinsa.